Thaddeus Stevens, Lauyan Da Ya Yaƙi Bauta

An haifi Thaddeus Stevens a Jihar Vermont ta Amurka cikin 1792, ɗan talakawa, da nakasa a ƙafa. Da ya zama lauya a Jihar Pennsylvania, ya riƙa kare bayin da suka gudu, sau da yawa ba ya karɓar ko sisi. Cikin 1835 jawabinsa a Majalisar Dokokin jihar ya ceci dokar ilmi kyauta da ake shirin sokewa. A Majalisar Wakilai ta Tarayya kuwa, yana cikin waɗanda suka dage har aka gyara tsarin mulki, aka haramta bauta cikin 1865.

Ya rasu cikin 1868. Bisa wasiyyarsa, aka binne shi a wata maƙabarta a Lancaster wadda ba ta ware baƙi da farare.