Octavius Pickard-Cambridge

Octavius Pickard-Cambridge (an haife shi ranar 3 ga Nuwamba, 1828, ya rasu ranar 9 ga Maris, 1917) limamin coci ne ɗan ƙasar Ingila, kuma masanin gizo-gizo. Shi ne ya fara bayyana wa masana ɗan ƙaramin gizo-gizon Ostareliya mai ado da ake kira gizo-gizon ɗawisu, sai dai sunan da ya raɗa masa ya ginu ne a kan kuskure.

Farkon rayuwa

An haife shi a ƙauyen Bloxworth da ke yankin Dorset, inda mahaifinsa yake limanci. Ya soma karatun lauya a Landan, ya bari, ya koma Jami'ar Durham, aka naɗa shi ma'aikacin coci a 1858. A 1868 ya gaji mahaifinsa, ya riƙe cocin ƙauyen har ƙarshen rayuwarsa.

Aikin bincike

Daga wannan ƙauye ya zama ɗaya daga cikin manyan masana gizo-gizo na zamaninsa. Matafiya da masu tattara ƙwari sukan aiko masa da abin da suka kama daga nahiyoyi daban-daban, shi kuma ya duba, ya siffanta, ya sa suna. Ya rubuta littafi kan gizo-gizon Dorset, kuma a 1877 ya ba gizo-gizo mai mugun dafi na birnin Sydney sunan Atrax robustus. Charles Darwin ya kawo bayaninsa kan dalilin da ya sa namijin Nephila yake ɗan mitsitsi: mafi ƙanƙanta shi ya fi kuɓuta daga bakin mace. An zaɓe shi cikin ƙungiyar masana ta Royal Society a 1887.

Gizo-gizon ɗawisu

A 1874 ya bayyana wani gizo-gizo mai tsalle da aka aiko masa daga Ostareliya, wanda tsawonsa bai wuce kimanin milimita 5 ba. Bayan namijin na da launin ja da shuɗi da kore mai sheƙi, da wasu fatu biyu a gefe da ke naɗewa a jikinsa. Wanda ya aiko da shi ya shaida masa cewa yana buɗe fatun idan zai yi tsalle. Pickard-Cambridge bai taɓa ganin dabbar da rai ba, sai ya ɗauka kamar fukafukai ne, ya kira ta Salticus volans. A Latin, volans na nufin mai tashi.

Gizo-gizon ba ya tashi. Bincike na baya ya nuna fatun kayan neman aure ne. Idan namiji ya hangi mace, sai ya ɗaga bayansa, ya baza fatun kamar yadda ɗawisu ke baza jela, ya miƙar da ƙafafunsa na layi na uku sama yana kaɗawa, yana taku gefe-gefe. Yana kuma girgiza jikinsa, girgizar ta bi ganye ko icen da suke kai ta isa wurin macen. Ita macen launin ƙasa-ƙasa ce, ba ta da ado, amma zaɓi a hannunta yake. In rawar ba ta yi mata ba takan juya ta tafi, wani lokaci ta kai masa farmaki ta cinye shi.

Abin lura, mutumin da ya san haɗarin da namijin gizo-gizo ke shiga wajen neman mace bai gane adon neman aure ba da aka ajiye masa shi a gaba. Ba a cika ganin laifinsa ba, tunda gawa ba ta rawa. Daga baya an mayar da nau'in cikin rukunin Maratus, wanda Ferdinand Karsch ya kafa a 1878, amma ƙa'idar sa wa dabbobi suna ta fifita sunan farko, don haka har yau Maratus volans ake ce masa.

Iyali da rasuwa

Ya auri Rose Wallace a 1866. Ɗansu Arthur ya shahara a nazarin wasan kwaikwayon Girka ta dā, ɗan ɗan'uwansa Frederick kuma ya bi sawunsa a binciken gizo-gizo. Ya rasu a Bloxworth yana da shekara 88, aka miƙa tarin gizo-gizonsa da littattafansa ga gidan tarihin halittu na Jami'ar Oxford.