Marigayi Rabilu Musa Ibro: Gandiroban Da Wasa Ya Mayar Da Shi Kurkuku

Duk inda Bahaushe ya yi zango, daga Sabon Ibadan zuwa Agege, daga Karu zuwa Fatakwal, da wuya a sami wanda bai taɓa yin dariyar Ibro ba. Sunansa na yanka Rabilu Musa. An haife shi a shekarar 1971 a Ɗanlasan, cikin ƙaramar hukumar Warawa ta Jihar Kano. Ya yi karatu a Kwalejin Horon Malamai ta Wudil, sa'an nan ya shiga aikin gandiroba. Bayan 'yan shekaru ya ajiye kaki, ya rungumi wasan kwaikwayo.

Sana'ar ban dariya daɗaɗɗiya ce a ƙasar Hausa. Ɗan kama yana tsaye a tsakar kasuwa, idonsa na kan fuskokin jama'a. Da zarar ya ga dariya ta fara sanyi, ko wani dattijo ya ɗaure fuska, sai ya yanke zancen ya kama wani. Haka kuma wasan taubasai, da na Kanawa da Zazzagawa, kowanne yana da iyakar da ba a tsallakewa.

To, Ibro ya zo ne a zamanin kaset, watau lokacin da mai wasa ba ya ganin masu kallonsa. Da jar hularsa da murguɗa fuska ya kwaikwayi ɗan ƙauye, da mai kuɗi, da mawaƙan ƙasashen waje. Amma wasan da aka naɗa a kaset ba shi da linzami. Mai shi yana iya yin shiru, alhali kuwa wasan yana can yana yawo a tasha da shagon mai shayi.

Ya fara ɗanɗana wannan a shekarar 2002, sa'ad da ya fito a matsayin Usama bin Ladan cikin wasan Ibro Usama. Matasa sun yi dariya, amma malamai da dama a Kano ransu ya ɓaci.

Babbar jarrabawa ta zo a watan Oktoba na 2008. Kotun tafi-da-gidanka ta Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano ta ɗaure shi wata biyu, bisa tuhumar da ta shafi wasan Ibro Aloko da rashin rajistar kamfani. A gari kuwa abin da ake faɗa dabam ne: wai waƙarsa ta Mamar ce ta jawo, domin jama'a sun laƙaba sunan ga wani yadi mai zane-zane da gwamnan lokacin yake yawan sawa. Ibro ya daɗe da gama waƙar, amma gari bai gama da ita ba. Ta haka tsohon gandiroba ya koma kurkuku a matsayin fursuna.

Da ya fito bai bar sana'arsa ba, ya ci gaba da wasa har ciwon ƙoda ya kwantar da shi. Ya rasu a Kano ranar 10 ga Disamba, 2014.

Magana dai zarar bunu ce. Wanda yake zaune cikin wasu ƙabilu, yana raha da maƙwabta a kasuwa, yana da abin da Ibro ya rasa, watau ganin fuskar abokin wasansa. Ya kamata ya riƙa dubanta. Allah ya jiƙan Rabilu Musa, amin.