TARIHIN ABUL ƘASIM AZ-ZAHRAWI, LIKITAN DA YA KOYAR DA ƊINKIN RAUNI

Duk mazaunin Gwagwalada ya san yadda ake shigo da mutanen da hatsarin hanyar Lokoja ya rutsa da su asibitin koyarwa na Jami'ar Abuja, wanda har yau wasunmu ke ce wa Sifeshalis. Likita ya zo da lanƙwasasshiyar allura da zare ya ɗinke mutum, har a ce da shi zaren ciki zai narke da kansa. Da yawanmu mun ɗauka aikin nan Bature ne ya faro shi. To a wannan fitowa ga tarihin wani malami Musulmi da ya rubuta darasin ɗinkin nan shekara dubu da suka wuce.

Sunansa Abul Ƙasim Khalaf bin Abbas Az-Zahrawi. An haife shi wajen shekarar 936 Miladiyya a ƙasar Andalus, wato Sifen ta yanzu. Ana jingina shi ga Madinatuz Zahra, birnin da Halifa Abdurrahman na Uku ya gina kusa da Ƙurɗuba, kuma asalin gidansu Ansar ne na Madina. Ya yi likitanci a zamanin Halifa Hakam na Biyu, mai son littattafai, wanda ya yi mulki daga 961 zuwa 976. Ibn Hazm ya lasafta shi cikin manyan likitocin Andalus.

Wajen shekarar 1000 ya kammala littafinsa, At-Tasrif, bayan ya daɗe yana aikin jinya. Kashi 30 ne, na ƙarshen shi ne na tiyata, shi kuma ya raba shi uku: lalas, wato ƙuna da ƙarfe, sai tsaga da huji da jinyar raunuka, sai ɗori. Ka ga aikin wanzami da na maɗori ke nan a wuri guda, sai dai shi ya zana hoton kayan aiki kusan 200 don maƙeri ya gani ya ƙera. Tun a farkon kashin ya koka cewa tiyata ta lalace a ƙasarsu, ya gargaɗi ɗalibai kada su taɓa wuƙa sai sun san inda jijiyoyi suka bi. Ya kawo misalin wani jahilin likita da ya tsaga ƙari a wuyan wata mata, ya datse jijiyar jini, ta mutu a hannunsa.

Babin raunin ciki shi ne inda ya fi burge ni. Ya ce idan hanji ya fito ya sha iska yakan kumbura ya ƙi komawa, don haka a gasa shi da soso da ruwan ɗumi har ya saki, in kuma ƙofar ta yi kaɗan a ɗan ƙara ta. Sannan ya jera hanyoyin ɗinki. Ɗaya ita ce a soka allurai su ratsa baki biyu na raunin a bar su a ciki, a naɗe su da zare ta nan da can, sai nama ya haɗe a zare su. Wata kuma allura ɗaya da zare ɗaya ake bi da su har ƙarshe, kamar yadda baduku ke ɗinke jaka. Ya ja kunne kan tazara: in an soka dab da bakin rauni zaren zai yaga nama, in an yi nisa raunin ba zai haɗe daidai ba. Kowane tela a kasuwar nan zai gane wannan magana.

Shi kansa hanjin in ya tsage, ya ambaci dabarar wasu masu magani ta kawo manyan tururuwa masu ƙarfin baki, a haɗa bakin raunin a sa su ciza, a datse jikin a bar kan maƙale. Ya kuma ambaci siririn zare da ake cirowa daga hanjin dabba. Gaskiya ba shi ya fara shi ba, Jalinusu likitan Yunan ya riga shi, amma littafin Zahrawi na cikin waɗanda suka kai maganar ga na baya. Zaren nan daga hanjin tumaki ko na shanu ake yin sa, jiki kuma yana cinye shi, ba sai an sake farke mutum ba.

Ba a takarda kawai ya tsaya ba. Ya ba da labarin mutumin da aka daɓa wa wuƙa, hanjinsa ya kwana ya yini a waje, ya mayar ya ɗinke, raunin ya haɗe cikin kwana 15, mutumin ya rayu shekaru. Akwai kuma wata kuyanga da ta yanki maƙogwaronta, ya tarar manyan jijiyoyin ba su taɓu ba, ya ɗinke, ta warke, sai 'yar dishewar murya.

A ƙarni na 12 Gerard na Kiremona ya fassara kashin tiyatar zuwa Latin a birnin Toledo, Turawa suka riƙa kiransa Albukasis. Babban likitan Faransa Guy de Chauliac ya ambace shi fiye da sau 200 a littafinsa na 1363, aka kuma buga fassarar a Banis a 1497. Abin da Zahrawi bai riska ba shi ne sanin ƙwayoyin cuta. Sai a ƙarni na 19 Joseph Lister na Ingila ya riƙa tsarkake zaren hanji da magani. Daga shekarun 1970 aka samu zaren roba mai narkewa irin Vicryl. Na fata kuwa, irin nailan, shi ne ake ce maka ka dawo a cire, na fuska wajen kwana 5, na sauran jiki mako ɗaya zuwa biyu. Masu zuba toka ko baƙin mai a rauni, su zo asibiti bayan kwana uku, su sani raunin da ya kwana ya ƙazantu ba kasafai ake ɗinke shi nan take ba.

Ƙarshen rayuwarsa ya zo cikin fitinar da ta ɓarke a Ƙurɗuba a 1009, aka wawashe Madinatuz Zahra aka bar ta kufai. Ya rasu wajen 1013, wato 404 Hijira. Akwai titi mai sunansa a Ƙurɗuba, kufan birnin kuma UNESCO ta sa shi cikin wuraren tarihi na duniya a 2018. Allah ya jiƙansa da rahama, amin.