Umaru Ganda: Ɗan Dakon da Ya Zama Gwarzon Fim

'Yan'uwa ɗalibai da malamanmu, a wannan fitowa mun kawo muku tarihin wani maƙwabcinmu ɗan Jamhuriyar Nijar, wanda ya yi suna a harkar fim tun kafin a san Kannywood. Fim ɗin Turmin Danya, wanda ake ɗauka a matsayin mafarin finafinan bidiyo na Hausa, ya fito a Kano a 1990. A lokacin Umaru Ganda ya shekara 9 da rasuwa.

An haifi Umaru Ganda a Yamai a 1935, kuma Bazabarme ne. Da ya gama firamare, yana da shekara 16, ya shiga sojan Faransa, wadda ke mulkin Nijar a lokacin. Aka kai shi yaƙin Indocina, yankin da ƙasar Biyetnam take a yau. Ya bar soja a 1955, ya dawo gida bai samu aikin yi ba. Kamar dubban matasan Nijar, sai ya tafi ci-rani Abijan, ya kama dakon kaya a tashar jiragen ruwa.

A can ya haɗu da wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch, mai bincike kan rayuwar 'yan ci-rani. Rouch ya ɗauke shi aikin tattara bayanai, daga baya ya ba shi babban matsayi a fim ɗin Moi, un Noir na 1958, ma'ana Ni, Baƙar Fata. An ɗauki hotunan fim ɗin ba tare da sauti ba. Bayan an haɗa su, aka nuna wa Ganda, yana kallo yana ba da labari da bakinsa: wahalar lebura a unguwar Treichville, ƙarancin kuɗin da ake biya, da abin da ya gani a fagen yaƙi. Fim ɗin ya ci lambar yabo ta Louis Delluc a Faransa.

Duk da haka, wani ne ke riƙe da kyamara, wani ne ke zaɓen abin da za a nuna. Ganda ya koma Yamai, ya shiga ƙungiyar masu sha'awar fim a Cibiyar Al'adu ta Faransa da Nijar, ya koyi aikin daga tushe. Fim ɗinsa na farko, Cabascabo, labarin tsohon soja ne da ya dawo daga Indocina da kuɗi a aljihu, abokai da maroƙa suka yi masa caa, kuɗi na ƙarewa kowa ya watse. Shi da kansa ya fito a matsayin sojan. An nuna fim ɗin a bikin Cannes a 1969, kuma ya samu yabo a bikin Mosko a shekarar.

Sai Le Wazzou Polygame, labarin wani alhaji da ya dawo daga Makka ya auri yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi alkawarinta, abin ya ƙare da baƙin ciki. A 1972 wannan fim ya ci babbar kyautar bikin FESPACO a Wagadugu, wato Dokin Yennenga, kuma Ganda ne mutum na farko da aka ba ta. Bayansa ya yi Saitane, kan malamin tsibbu mai yaudarar jama'a, sannan L'Exilé a 1980.

Allah Ya yi masa rasuwa ranar 1 ga Janairu, 1981, yana da kimanin shekara 45. A yau akwai cibiyar al'adu mai sunansa a Yamai, kuma FESPACO na ba da kyautar Umaru Ganda ga wanda fim ɗinsa na farko ya fi kyau.

Mu a nan Panshekara kullum muna ganin iyayenmu da yayyenmu suna sammakon tafiya kamfanonin Sharaɗa, Calawa da Bompai, wasu masu dako, wasu masu kula da inji. Kowannensu yana da labari irin na Ganda, amma kaɗan ne ake rubutawa. Muna kira ga 'yan'uwa ɗalibai su zauna da su, su saurara, su rubuta, su kawo mana mu lika a wannan allo.

Allah Ya jiƙan Umaru Ganda, Ya gafarta masa.