William Cameron Menzies: Mutumin da ya zana fim kafin a ɗauke shi

A lokacin da ake ɗaukar fim ɗin Gone with the Wind, wanda ya fito a 1939, daraktoci uku ne suka riƙe ragamar aikin: George Cukor, Victor Fleming da Sam Wood. Amma mai kallo ba zai iya nuna inda hannun wannan ya tsaya na wancan ya soma ba. Babban dalili shi ne William Cameron Menzies, wanda ya riga ya zana yadda fage bayan fage zai kasance, da launinsa da haskensa da mazaunin kyamara. Saboda girman wannan aiki furodusa David O. Selznick ya ba shi muƙamin mai tsara siffar fim baki ɗaya, muƙamin da daga baya ya zama sana'a mai zaman kanta.

An haifi Menzies ranar 29 ga Yuli, 1896, a New Haven ta jihar Connecticut a Amurka, iyayensa kuwa 'yan asalin Sukotlan ne. Ya koyi zane a birnin New York, sannan ya shiga harkar fim tun zamanin da hotuna ba sa magana. Sunansa ya fito a 1924 da The Thief of Bagdad, tatsuniya mai ɗanɗanon Dare Dubu da Ɗaya, inda ya gina Bagadaza ta mafarki da dogayen hasumiyoyi da daɓe mai sheƙi. A bikin Oscar na farko, a 1929, shi ya karɓi lambar tsara fage saboda The Dove da Tempest.

Finafinan ƙagen kimiyya ne suka ba shi kujerar darakta da aka fi tunawa da ita. A Ingila ya ba da umarnin Things to Come a 1936, bisa rubutun H. G. Wells, wanda ya nuna birni yana rugujewa da ruwan bama-bamai shekaru kaɗan kafin Yaƙin Duniya na Biyu. A 1953 ya yi Invaders from Mars da kuɗi kaɗan. Ya mai da ƙarancin ya zama makami: ofishin 'yan sanda mai dogayen bangaye fayau, babu ado, daidai yadda yaro mai jin tsoro zai gan shi.

Duk da haka, ladan bai cika zuwa daidai da wahalar ba. Lambar tsara fage ta Gone with the Wind ta tafi ga Lyle Wheeler, Menzies kuwa aka ba shi ta girmamawa saboda yadda ya sarrafa launi. Finafinan da ya tsara, da sunan daraktocinsu ake kiran su har yau.

Ya rasu ranar 5 ga Maris, 1957, a Kalifoniya, yana da shekara 60, bayan fama da ciwon daji. Aikinsa na ƙarshe shi ne Around the World in 80 Days na 1956, inda ya kasance mataimakin furodusa.