Alhaji Isa Kaita, Wazirin Katsina: Malamin Makarantar da Ya Riƙe Ilimin Arewa

Ɗalibai da yawa daga Dutsin-Ma da Kurfi da ƙauyukan da ke kewaye da su kan karɓi takardar shaidar malanta ɗauke da sunan Isa Kaita, amma kaɗan ne daga cikinsu za su iya faɗin ko wane ne mai sunan. Kwalejin ilimi ta jihar Katsina da ke Dutsin-Ma sunansa ta ci, kuma ba a yi kuskure wajen zaɓen ba, domin a duk muƙaman da ya riƙe babu wanda ya daɗe a kansa kamar na ilimi.

An haifi Isa Kaita a Katsina cikin shekarar 1912, a gidan sarauta. Mahaifinsa shi ne Waziri Haruna. Ya yi karatu a Kwalejin Katsina, wadda Turawa suka buɗe a 1922 don horar da malaman makaranta, makarantar da ta yaye Ahmadu Bello da Abubakar Tafawa Ɓalewa da Aliyu Makaman Bida. Da ya gama sai ya kama koyarwa a Midil ta Katsina, inda ya yi kusan shekara tara yana riƙe da alli.

Yaƙin duniya na biyu ne ya fitar da shi daga aji. A 1941 ya tafi Ankara, babban birnin Gana ta yau, ya zama mai watsa labarai a gidan rediyon ZOY. A lokacin samarin Arewa da dama suna cikin soja, wasu an kai su gabashin Afirka, daga baya kuma har Bama, Hausa kuwa ita ce harshen bariki. A can ya saba da yi wa jama'ar da ba ya gani magana. Ya komo gida a 1944, shekarar da Usman Nagogo ya gaji mahaifinsa Muhammadu Dikko, ya zama sakataren Sarki. A 1948 kuma ya je Ingila ya yi karatun sha'anin mulki a Exeter.

Saboda haka lokacin da siyasar jam'iyyu ta kunno kai, Isa Kaita mutumin En'e ne ciki da waje. Yana cikin waɗanda aka kafa Jam'iyyar Mutanen Arewa, wato NPC, da su, kuma a 1951 ya sami kujera a majalisar dokokin Jihar Arewa da ke zama a Kaduna. Ya kamata mai karatu ya san irin zaɓen da aka yi a wannan shekara. Talaka ba ya zaɓen wakilinsa kai tsaye. Hawa-hawa ake yi, daga unguwa ko ƙauye zuwa gunduma har lardi, kuma En'e na da ikon cusa nata mutanen a tsakiyar tafiya. Wannan tsari ya yi wa NEPU ta Malam Aminu Kano illa ƙwarai, ya kuma share wa ma'aikatan sarakuna hanya. Isa Kaita na cikin waɗanda suka ci moriyarsa, kuma babu amfanin ɓoye hakan.

A cikin jam'iyya an danƙa masa muƙamin sakataren kuɗi. Muƙami ne da ba a yi wa kiɗa, amma duk ɗan kasuwa ya san cewa wanda aka bari da littafin shige da fice shi ne aka fi amincewa da shi. A 1954, shekarar da Sardauna ya zama Firimiya, Isa Kaita ya gaje shi a kujerar ministan ayyuka. Daga 1957 ya koma ma'aikatar ilimi, bai bar ta ba sai da gwamnatin ta faɗi.

Abin da ya tarar a can ba ƙarami ba ne. Jihar Yamma ta Obafemi Awolowo ta fara ba da ilimin firamare kyauta ga kowa a 1955, Gabas ta bi sahu a 1957. Arewa kuwa, wadda ta fi su faɗi da yawan jama'a, tana baya nesa a ilimin boko, kuma yawancin kujerun ofisoshin gwamnatinta Turawa ne da mutanen kudu ke kansu. Ga mulkin kai yana tafe, wanda Arewa ta samu a watan Maris na 1959. Manufar Sardauna ita ce aikin gwamnatin Arewa ya koma hannun 'yan Arewa, amma ba a naɗa akawu ko injiniya da buri kawai. Ma'aikatar ilimi ce aka ɗora wa nauyin samo mutanen.

Gwamnatin ba ta bi hanyar Awolowo ba. Ta fi mayar da hankali ga horar da malamai da ƙara makarantun sakandare da na koyon sana'a, da tura ɗalibai karatu waje. Hujjarta ita ce aji ba malami ɗaki ne kawai. A zamanin ministancinsa aka buɗe Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya, cikin Oktoban 1962, aka kuma kafa babbar kwalejin horon malamai a garin. Da yawa daga cikin manyan sakatarori da alƙalai da hafsoshin da suka riƙe Arewa bayan 1966 sun bi ta makarantun wannan zamani.

Sai dai masu suka suna da tasu hujjar, kuma mai ƙarfi ce. Tafiyar sannu ta fitar da ƙwararru 'yan kaɗan, amma ta bar ɗimbin 'ya'yan talakawa a waje, musamman 'yan mata da yaran karkara. Sai a 1976 gwamnatin tarayya ta kawo ilimin firamare na bai-ɗaya, a lokacin kuwa tazarar da ke tsakanin Arewa da kudu ta riga ta yi faɗi. Ko rashin kuɗi da malamai ne ya tilasta wannan taka-tsantsan, ko kuwa shakkar ɓata wa iyaye da sarakunan da ba su amince da boko ba, har yau masana na ja-in-ja. Mai yiwuwa duka biyun ne.

Juyin mulkin 15 ga Janairun 1966 ya kashe Sardauna, ya kuma rushe gwamnatin da Isa Kaita ya yi wa hidima. Ya ci gaba da zama a Kaduna, ya shiga hukumomin gudanarwar wasu kamfanoni. A gida kuwa, bayan sarautar Madawaki, ya riƙe ta Waziri, wadda mahaifinsa ya riƙe. A jamhuriya ta biyu Shugaba Shehu Shagari ya naɗa shi shugaban hukumar ɗa'ar ma'aikata, wadda tsarin mulkin 1979 ya tanada don karɓar bayanan kadarorin masu riƙe da muƙamai. Yana kuma cikin dattawan da suka yi fafutukar a fitar da Katsina daga jihar Kaduna, buƙatar da ta biya ran 23 ga Satumban 1987.

Ya ga shekara bakwai na sabuwar jihar. Allah ya yi masa rasuwa a Kaduna cikin Nuwamban 1994, yana da shekara 82.