Abraham Zapruder, mai ɗinkin da ya ɗauki kisan Kennedy

An haifi Abraham Zapruder a 1905 a Kovel, cikin Yukren ta yau. Ya yi ƙaura zuwa Amurka a 1920, daga baya ya buɗe kamfanin ɗinkin tufafin mata a Dallas. Ranar 22 ga Nuwamba 1963 ya fita da ƴar kyamararsa don ya ɗauki wucewar shugaba Kennedy. Cikin sakan 26 da ya ɗauka aka harbe shugaban.

Kashegari mujallar Life ta zo ciniki, a ƙarshe ta biya dala 150,000 ta mallaki fim ɗin ɗungum. Kuɗin ba su kwantar masa da hankali ba. Ya nemi kada a buga hoto na 313, inda harsashi ya sami kan Kennedy, dala 25,000 na farko kuma ya ba matar J. D. Tippit, ɗan sandan da aka kashe ran nan. Ya rasu a 1970, shekara biyar kafin a nuna fim ɗin wa Amurkawa duka a talabijin.

A 1999 gwamnati ta biya iyalinsa dala miliyan 16 kan ainihin faifan. Haƙƙin mallaka kuwa sun miƙa shi ga gidan tarihi na Sixth Floor a Dallas, inda masu shirya fim ke neman izini har yau.